Ƙwai miliyan ɗaya da rabi ba su hana ƙaguwar Japan raguwa ba

A tekun da ke kudancin tsibirin Honshu na ƙasar Japan akwai wata ƙaguwa mai siffar gizo-gizo, wadda idan ta miƙe ƙafafunta na gaba takan kai mita 3.7 daga wannan baki zuwa wancan, nauyinta kuma har kilo 19. Masani Temminck ne ya bayyana ta ga duniyar kimiyya a 1836. Mazauninta can ƙasa ne, cikin sanyi da duhu, zurfin da kan kai mita 600, tana kalacin mushe da ƙananan halittu. Girman nan ba a kwana ɗaya take samunsa ba: sai ta yi ta saɓa, tana fita daga tsohon ɓawo, shekara bayan shekara. Lokacin haihuwa ne kawai take haurowa zuwa zurfin mita 50, macen na ɗauke da ƙwai da kan kai miliyan ɗaya da rabi a ƙarƙashin cikinta.

Mai jin wannan adadi zai ce ai halitta irin wannan ba ta ƙarewa. Amma kamun da ya kai tan 24.7 a 1976 ya faɗo ƙasa da tan 4 a 1985. Dalilin a fili yake. Ƴaƴan da aka ƙyanƙyashe ƙanana ne ƙwarai, ruwa ke yawo da su, kifaye na lashe su, kaɗan ne ke kai ga girma. Uwar kuwa ta fi sauƙin kamu daidai lokacin da ta hauro da ƙwanta. Shi ya sa aka hana kama ta daga Janairu zuwa Afrilu.

Wannan lissafi ya shafi tafkin Madarunfa, kudu da Maraɗi, wanda ya shiga jerin Ramsar na wuraren dausayi masu muhimmanci a duniya a 2019. Karfasa a baki take renon ƙwanta, ko ci ba ta yi sosai sai sun fito. Wanda ya kama ta a wannan hali ya kwashe ɗaruruwa a jefa ɗaya. Tarwaɗa kuma sai ruwan damina ya malale cikin ciyayi take zuba ƙwai, inda ko yaro zai iya cafke ta.

Masunci zai ce Japan na da wadata, shi kuwa in bai shiga ruwa yau ba gidansa ba a ɗora tukunya. Maganarsa gaskiya ce, kuma dokar da ta yi biris da ita a takarda za ta tsaya. Sai dai watannin da ya kamata a ɗaga wa kifi ƙafa sun zo daidai da damina, lokacin da gona ke neman hannu. Wani zai ce ƙasar da ke cike tafkin da ƙarancin ruwan gulbi sun fi taru ɓarna. Ko da haka ne, yasar tafki na buƙatar kuɗin gwamnati da shekaru, alhali faɗin idon raga da ranar buɗe kamun kifi abu ne da sarkin ruwa, ƙungiyar masunta da jami'an gandun daji za su iya yankewa a zama ɗaya, muddin kowane ƙauye na bakin tafkin ya shiga yarjejeniyar.