Gyaran Ƙa'idojin Shigo da Bayanai da Aka Adana a Manhajar Microsoft Access

Tsakure

Maƙalar ta dubi yadda manhajar Microsoft Access ke adana ƙa'idojin da ake bi wajen shigo da bayanai daga fayil zuwa rumbun bayanai. Ta bambanta nau'o'i biyu na waɗannan ƙa'idoji, ta nuna abin da manhajar ta bari a gyara a fili da abin da sai an zagaya ta bayan gida, sannan ta yi la'akari da matsalolin da rubutun Hausa ke cin karo da su a wannan aiki.

1.0 Gabatarwa

Manazarcin da ke tattara kalmomin karin harshe, ko karin magana, ko bayanan waɗanda ya yi hira da su, ba kasafai yake buga komai da hannunsa ba. Galibi mataimakansa ne ke turo masa fayiloli daga wuraren da suke aiki, wannan daga Sakkwato, wancan daga Katsina ko Damagaram, shi kuma ya zuba su a rumbu guda. Manhajar Access, wadda kamfanin Microsoft ya fara fitarwa a shekarar 1992, tana daga cikin waɗanda ake yin wannan aiki da su a kan kwamfutar ofis, ba tare da buƙatar intanet ba.

Duk lokacin da za a shigo da fayil, manhajar kan yi wa mai aiki jerin tambayoyi: wace alama ce ke raba gurbi da gurbi, shin layin farko sunayen gurabu ne ko bayani, wane gurbi ne na rubutu, wane ne na lamba ko na kwanan wata. Da yake maimaita amsoshin nan kowane mako akwai gajiyarwa, sai aka ba da damar adana su. Matsalar takan taso ne ranar da fayil ya sauya fasali, ko aka gano cewa an yi kuskure tun wajen adanawar. A ranar ne mai aiki zai tarar cewa adanawa ta fi gyarawa sauƙi nesa ba kusa ba.

2.0 Nau'o'in Ƙa'idojin da Ake Adanawa

Mafi yawan ruɗanin da ake samu ya samo asali ne daga rashin sanin cewa abubuwa biyu ne mabambanta, masu sunaye masu kama da juna, suke zaune a manhaja ɗaya.

Na farko shi ne tsohon tsari, wanda ya keɓanta ga fayilolin rubutu zalla, irin su CSV da TXT. Ana adana shi ne ta maɓallin da aka rubuta wa "Advanced" a tagar shigo da rubutu, kuma manhajar tana ajiye shi a wasu ɓoyayyun jadawalai guda biyu, MSysIMEXSpecs da MSysIMEXColumns. Na farkon yana riƙe da ƙa'idojin da suka shafi fayil baki ɗaya, na biyun kuma yana riƙe da bayanin kowane gurbi. Wannan tsari bai san inda fayil yake ba, bai kuma san jadawalin da za a zuba shi ba. Fasalin fayil kawai ya sani.

Na biyu ya zo ne da fitowar shekarar 2007, lokacin da aka koma ga fayil mai ƙarshen accdb. A ƙarshen aikin shigarwa manhajar kan tambaya ko za a adana matakan da aka bi. Idan aka amince, sai ta naɗe komai, wato wurin da fayil yake da jadawalin da za a zuba shi da duk amsoshin da aka bayar, a cikin rubutu irin na XML. Wannan tsari yana aiki har ga fayilolin Excel, inda babu maɓallin "Advanced" sam. Abin lura a nan shi ne, idan an yi amfani da tsohon tsari wajen shigarwa sannan aka adana matakan, kwafin ƙa'idojin ne ke shiga sabon tsarin. Daga ranar, kowa gashinsa yake ci. Gyaran da aka yi wa tsohon ba ya isa ga sabon, kuma wannan ne ya sa wani zai yi gyara, ya sake shigo da fayil, ya ga kuskuren yana nan daram.

3.0 Gyaran Tsohon Tsari

Babu wata ƙofa da aka keɓe domin gyaran tsohon tsari. Sai dai mai aiki ya yi kamar zai shigo da fayil, ya zaɓi fayil ɗin, idan tagar tambayoyi ta buɗe ya danna "Advanced", daga nan ya danna "Specs" ya buɗo ƙa'idar da yake nema. Bayan ya sauya abin da zai sauya, sai ya adana ta da sunanta na asali, ya amince a maye gurbin tsohuwar, sannan ya soke shigarwar. Sokewar ba ta shafar gyaran, domin an riga an adana shi.

Ana kuma iya buɗe ɓoyayyun jadawalan kai tsaye, bayan an umurci manhajar ta nuna abubuwanta na ciki. A can lambobi ne ke wakiltar nau'in gurbi: 10 na nufin gajeren rubutu, 12 dogon rubutu, 4 cikakkiyar lamba, 8 kwanan wata. Hanya ce mai sauri ga wanda ke da gurabu sittin da yake son mayarwa rubutu a lokaci guda, amma ba ta da mai gargaɗi idan hannu ya kuskure.

4.0 Gyaran Sabon Tsari

A ƙarƙashin sashen "External Data" akwai maɓallin "Saved Imports", wanda ke jero duk shigarwar da aka adana. Abubuwa uku kacal aka bari a gyara a wannan taga: suna, da taƙaitaccen bayani, da wurin da fayil yake. Idan matsalar ita ce an sauya wa fayil mazauni, ko an koma wata kwamfutar, to shi ke nan, an gama. Amma nau'in gurbi da tsarin kwanan wata da alamar rabewa da tsarin haruffa, babu ɗaya da ake gani a nan, balle a taɓa shi.

Saura hanyoyi biyu. Ko dai a goge shigarwar a sake bin tambayoyin daga farko, wanda shi ya fi dacewa idan gurabun ba su wuce biyar ko shida ba, ko kuma a gyara rubutun XML ɗin ta harshen VBA da ke cikin manhajar. Idan aka danna Ctrl da G tare, wata taga za ta buɗe inda ake buga umurni nan take. Misali, idan sunan shigarwar ShigoKalmomi ne, wannan umurni zai fito da rubutun:

Debug.Print CurrentProject.ImportExportSpecifications("ShigoKalmomi").XML

Wanda bai taɓa ganin XML ba zai iya karanta shi ba tare da wahala ba, domin kowace ƙa'ida tana ɗauke da sunanta. CodePage shi ne tsarin haruffa, FieldDelimiter alamar rabewa, DateOrder jerin rana da wata da shekara, DataType kuma nau'in kowane gurbi. Gyaran kansa musanya ce ta wani guntun rubutu da wani, a cikin ɗan gajeren shiri:

With CurrentProject.ImportExportSpecifications("ShigoKalmomi")
.XML = Replace(.XML, "CodePage=""1252""", "CodePage=""65001""")
End With

Dole ne guntun da ake nema ya yi daidai da abin da aka gani a rubutun, harafi da harafi. Idan bai yi daidai ba, umurnin zai wuce shiru, ba kuskure ba gyara. Shi ya sa ake sake fito da rubutun bayan kowace musanya don a tabbatar. Haka kuma tagar umurnin ba ta riƙe fiye da kimanin layi 200, saboda haka fayil mai gurabu da yawa zai fito da kansa a yanke.

Akwai wani dalili da ya sa musanya ta fi kwafe rubutun a gyara a mayar, kuma ya shafi Hausa kai tsaye. Tagar VBA ba ta iya nuna haruffa masu lanƙwasa. Alamar tambaya take sakawa a madadinsu. Idan sunan wani gurbi "Ƙauye" ne, wanda ya kwafe rubutun daga tagar ya mayar da shi ya riga ya lalata sunan. Musanya kuwa a cikin ƙwaƙwalwar kwamfuta take gudana, inda haruffan ke nan lafiya. Marubucin wannan maƙala yana ganin ya fi alheri a raɗa wa gurabu da shigarwa sunaye marasa lanƙwasa tun farko, a bar lanƙwasa ga bayanan da ke ciki, inda take da muhimmanci.

5.0 Ƙa'idojin da Suka Fi Shafar Rubutun Hausa

Tsarin haruffa shi ne kan gaba. Haruffan ɓ da ɗ da ƙ da ƴ ba sa cikin tsarin 1252, wanda Windows ke amfani da shi ga harsunan Yammacin Turai. Suna cikin Unicode, kuma a tsarin UTF-8, mai lamba 65001, kowannensu na cin gurbin bayit biyu. Idan fayil na UTF-8 ne amma ƙa'idar da aka adana ta ce 1252, manhajar za ta karanta kowane bayit a matsayin harafi mai zaman kansa. Sai "ƙasa" ta koma "Æ™asa", "ɗaki" ta koma "É—aki". Abin ba daɗin gani, amma ba a yi asara ba, domin fayil ɗin asali lafiyarsa lau. Gyara lambar a sake shigarwa shi ne magani. Asara ta gaske tana faruwa ne tun kafin fayil ya iso, idan mataimaki ya adana aikinsa daga Excel a matsayin CSV na gama-gari maimakon wanda aka rubuta wa UTF-8. A nan kowane harafi mai lanƙwasa alamar tambaya yake zama, kuma "?ara" ba ta faɗa wa kowa ko "ƙara" ce ko "ɓara". Wannan babu gyaran ƙa'idar da zai dawo da shi, sai an koma ga fayil ɗin Excel. Ga mai nazarin tsarin sauti ko mai haɗa ƙamus, wanda bambancin "bari" da "ɓari" shi ne jarinsa, wannan ba ƙaramin al'amari ba ne.

Sai alamar da ke kewaye rubutu. Manhajar ta ba da zaɓi uku: alamar zance mai ƙwaya biyu, ko mai ƙwaya ɗaya, ko babu. Mai ƙwaya ɗayar ita ce alamar da rubutun boko ke amfani da ita a kalmomi irin su 'ya'ya da 'yanci. Idan aka zaɓe ta, manhajar za ta ɗauki farkon kalmar 'yanci a matsayin buɗe zance, ta yi ta haɗiye gurabu tana neman inda aka rufe. A wannan fanni rubutun Nijar, da ke amfani da ƴ, ya tsira daga rabin matsalar. Sai dai fayilolin da ke fitowa daga can suna da tasu: kwamfutar da aka saita da Faransanci tana raba gurabu da waƙafi mai ruwa, domin waƙafi shi ne alamar ɗigon lissafi a wurinta. Ke nan mai karɓar fayiloli daga Kano da Maraɗi yana buƙatar ƙa'idoji biyu, ba ɗaya da zai riƙa juyawa ba.

Kwanan wata ya fi duk waɗannan haɗari, domin ɓarnarsa a ɓoye take. A Nijeriya rana ake fara rubutawa, a Amurka kuwa wata. Idan ƙa'ida ta ce wata ne farko, 25/04/2024 za ta gagara shiga, manhajar ta bar gurbin fayau, ta kuma rubuta ƙorafi a wani jadawali mai ƙarshen ImportErrors. Wannan da sauƙi, tunda an gani. Amma 03/04/2024 za ta shiga salin-alin a matsayin 4 ga Maris maimakon 3 ga Afrilu, ba tare da wata alama ba. Duk ranar da ba ta wuce 12 ga wata ba haka za ta juye.

Nau'in gurbi ma akwai abin dubawa. A fayil ɗin rubutu, manhajar tana duba layuka 25 na farko ne ta yi hasashe. Lambar waya ko lambar rajistar ɗalibi da ta fara da sifili, idan aka ɗauke ta a matsayin lamba, sifilin zai faɗi; kuma lambar wayar Nijeriya ta zarce 2,147,483,647, wato iyakar gurbin cikakkiyar lamba. Duk lambar da ba a lissafi da ita rubutu ce. Haka gajeren rubutu bai wuce harafi 255 ba, don haka sharhin karin magana ko baitocin waƙa sai gurbin dogon rubutu, in ba haka ba a datse wutsiyarsu.

6.0 Kafin Gyara da Bayansa

Ba a fara kowane gyara sai an yi kwafin rumbun an ajiye gefe, domin babu maɓallin komawa baya ga abin da aka musanya ta VBA ko a ɓoyayyun jadawalai. Yana da kyau kuma a tuna cewa ƙa'idar da aka adana da jeri take gane gurabu. Idan mataimaki ya cusa sabon gurbi a tsakiyar fayil, duk na bayansa za su gusa, ma'anar kalma ta faɗa gurbin sunan gari.

Saboda haka masu dogon aiki kan zaɓi su shigo da komai cikin wani jadawalin zango, inda kowane gurbi rubutu ne, su duba shi, sannan su kwashe zuwa babban jadawali ta hanyar umurnin ƙari. Da haka abin da ke buƙatar gyara a ƙa'idar shigarwa zai ragu zuwa tsarin haruffa da alamar rabewa da alamar kewaye rubutu. A zangon ne ake gwada adadin layuka da na fayil ɗin asali, a nemi Æ da É, a kuma nemi alamar tambaya a tsakiyar kalma. Wajen neman ta ƙarshen, sai an sa ta tsakanin baka mai kusurwa, wato [?], domin a Access alamar tambaya ita kaɗai tana nufin kowane irin harafi, kuma binciken da aka yi da ita haka zai dawo da jadawalin gaba ɗaya.