Rabon Gado a Birnin Kano da Koyar da Lissafin Kaso

Malaman da ke koyar da lissafi a ƙananan azuzuwan sakandare sun daɗe suna kukan abu guda: yaro ya iya tarawa da rabawa, amma da zarar an ba shi tambaya cikin zance sai ya rasa ta inda zai kama. Abin da ke gagararsa shi ne mayar da magana adadi. Wannan aiki kuwa tsoho ne a cikin ganuwar Kano. Malaman unguwar Madabo, waɗanda suka shahara da karantar da Mukhtasar na Halil, sun daɗe suna yinsa a babin fara'ili, watau rabon gado, haka kuma makarantar alƙalai ta Shahuci da aka buɗe a 1928.

Ga mas'ala guda da ake kira Mimbariyya, domin an ce a kan mumbari aka yi wa Sayyidina Ali tambayarta. Mutum ya rasu ya bar mata ɗaya, 'ya'ya mata biyu, uwa da uba. Mu ce abin da ya rage bayan biyan bashi naira 540,000 ne. Mata tana da tumuni, 'ya'ya suna da sulusi biyu, uwa da uba kowa sudusi.

Yaron makaranta zai fara cirar rabon kowa kai tsaye: tumuni 67,500, sulusi biyu 360,000, sudusi biyu 180,000. In ya tara sai ya ga 607,500, ya zarce dukiyar da 67,500. A nan yakan tsaya, ya ɗauka shi ne ya yi kuskure, alhali lissafinsa daidai ne.

Malamin gado ba ya taɓa kuɗin tukuna. Yakan fara neman asalin mas'ala, watau ƙaramin adadin da 8 da 3 da 6 duk za su raba shi ba saura, shi ne 24. Mata ta sami kaso 3, 'ya'ya 16, uwa 4, uba 4. Jimla 27. Sai ya bar 24, ya raba dukiyar gida 27, ragin ya shafi kowa gwargwadon rabonsa. Wannan shi ake kira auli, an kuwa fara aiki da shi zamanin Halifa Umar. Yanzu tambayar ta koma layi guda: wane abu ne, in an ninka shi sau 27, zai ba da 540,000? Amsa 20,000. Mata 60,000, 'ya'ya 320,000, iyaye kowa 80,000. Tumuninta ya zama tusu'i.

Kalmar nan "abu" ba mu muka ƙago ta ba. Alhawarizmi, wanda ya rubuta littafin aljabara a Bagadaza wajen shekara ta 820, da kalmar Larabci mai wannan ma'ana yake kiran adadin da ba a sani ba, kuma babban sashe na littafin a kan wasiyya da gado yake. A ganina, malami ya bar yaro ya daɗe yana cewa "kaso ɗaya" ko "abu" kafin a ba shi harafin x, domin harafin taƙaitawa ne kawai, ba ya yi wa kowa tunani.

Mai neman tambayoyin aji ba zai rasa ba. Asali 24 ba ya aulawa sai zuwa 27, amma 12 yana kaiwa 13 da 15 da 17, shi kuwa 6 yana kaiwa 7 da 8 da 9 da 10.