Radiohead: makaɗan da suka ajiye jita suna tsakiyar tashe

A shekarar 1985 wasu samari biyar 'yan makarantar Abingdon, kusa da Oxford a Ingila, suka kafa ƙungiyar kiɗa. Ranar Juma'a suke haɗuwa su yi atisaye, shi ya sa suka raɗa mata suna On a Friday. Da kamfanin EMI ya ɗauke su a 1991, sai suka koma Radiohead.

Waƙarsu "Creep" ta fito a 1992, amma ba ta yi kasuwa a gida ba, don gidan rediyon BBC ya ga ta cika baƙin ciki. A Isra'ila da Amurka ta fara karɓuwa, har ta zame musu ƙarfen ƙafa: duk inda suka je ita ake nema. Faifan The Bends na 1995 ya nuna ba ita kaɗai suka iya ba. OK Computer kuwa, wanda suka naɗi yawancinsa a wani tsohon gida kusa da Bath, ya ci kyautar Grammy bayan fitowarsa a 1997, masu sharhi suna ta yaba yadda jita uku ke amsa wa juna.

To, a nan ne abin mamakin yake. Mawaƙinsu Thom Yorke ya gaji tilis da yawon wasa, rubutun waƙa ya gagare shi, ƙarar jita ma ta fita daga ransa. Sai ya koma sauraren kiɗan na'ura irin na Aphex Twin. Ya riƙa yayyanka baitoci yana zubawa a hula, wanda ya zaro shi zai rera. Wani ɗan ƙungiyar, Jonny Greenwood, ya ɗauko ondes Martenot, wani tsohon abin kiɗa mai aiki da lantarki na Faransa. Haka aka haifi Kid A a 2000. Ba su saki waƙa ko ɗaya don talla ba, wasu masoyansu suka yi ta gunaguni, amma faifan ya hau matsayi na ɗaya a Ingila da Amurka. A ganina ƙarfin halin ya fi nasarar burgewa.

A 2007 suka sa faifan In Rainbows a intanet, suka ce kowa ya biya abin da ya ga dama, ko da ba ko sisi. Faifan A Moon Shaped Pool na 2016 kuma kayan kiɗa dangin goge ne suka mamaye shi.

Wanda bai san su ba, ya saurari OK Computer da Kid A a zama ɗaya. Da ƙyar zai yarda mutum biyar ɗin nan ne suka yi duka biyun.