Hannayen Atam: Labarin Lambobin Da Muke Haddacewa

Duk wanda ya zauna ajin kimiyya a SS1 ya san wannan karatun: haidurojin 1, oksijin 2, naitirojin 3, kabon 4. Mun rera shi kamar karatun allo, mun kwana da shi daren jarrabawa. Amma da zarar malam ya kawo sinadarin da ba ya cikin hadda, sai biro ya tsaya cak. Mu ma haka muka yi ta fama, sai da muka shiga jami'a muka ji tarihin waɗannan lambobi da ake kira balensi, sannan kanmu ya waye.

Balensi shi ne yawan hannayen da atam yake da su na riƙe wasu atam. Oksijin hannu 2 gare shi, haidurojin kuwa 1, shi ya sa oksijin ɗaya ke riƙe haidurojin 2 a samu ruwa, H₂O. Yau abin kamar wasa, amma a 1808 John Dalton na Ingila, wanda ya kafa ra'ayin atam na zamani, ya ɗauka ruwa haidurojin ɗaya ne da oksijin ɗaya. Babu mai ganin atam da ido. Awo da lissafi kawai suke da shi.

Wanda ya fara hango ƙa'idar shi ne Edward Frankland, Bature ɗan Ingila da ya soma rayuwa a matsayin yaron kantin magani. A 1852, bayan ya yi shekaru yana haɗa ƙarafa irin su zinki da sinadaran kabon, ya lura cewa atam ba ya haɗuwa da 'yan'uwansa barkatai. Naitirojin da fosfaras, alal misali, kan riƙe 3 ko 5. Kowane atam yana da iyakar abin da zai iya ɗauka, in ya cika ya cika.

Daga nan sai rigimar kabon. A 1858 mutum 2 suka gano abu ɗaya ba tare da sun haɗa baki ba: kabon hannu 4 gare shi, kuma yana iya kama ɗan'uwansa kabon su yi sarƙa mai tsawo. Ɗaya August Kekulé ne, Bajamushe. Ɗayan Archibald Scott Couper, matashi ɗan Sikotilan da ke aiki a birnin Faris. Couper ya miƙa takardarsa ga shugaban ɗakin bincikensu, Adolphe Wurtz, don a gabatar da ita, amma aka yi jinkiri har ta Kekulé ta riga fitowa. Couper ya fusata, aka sallame shi, ba da daɗewa ba ya kamu da ciwon da ya raba shi da bincike har ya mutu a 1892. Shi ne ya fara ja layi tsakanin atam da atam a takarda, irin layukan da muke zanawa yau, ko da yake littattafanmu ba su cika ambatonsa ba.

Shi ma Kekulé, da ya zana zoben benzin a 1865 ya yi suna, bai tsira daga kuskure ba. Ya kafe cewa balensin kowane atam ɗaya ne tak, ba ya canzawa. To ga ƙarfe nan yana ƙaryata shi: wani lokaci 2, wani lokaci 3, kamar a tsatsar da ke cin kwanon rufi. Da Dmitri Mendeleev na Rasha ya tsara jadawalin sinadarai a 1869, sai aka ga 'yan rukuni ɗaya galibi balensinsu ɗaya ne. Duk da haka babu wanda ya iya faɗin dalili.

Dalilin sai da aka gano ilektiron, aikin J. J. Thomson a 1897. A 1916 Walther Kossel a Jamus ya nuna cewa wasu atam kyauta suke yi: sodiyam ya ba kulorin ilektiron 1, a samu gishirin miya. A shekarar dai Gilbert Lewis na Amurka ya nuna wasu kuma tarayya suke yi: atam 2 su haɗa ilektiron 2 su riƙe tare. Yawancinsu abin da suke nema shi ne ilektiron 8 a zagayen waje. Oksijin yana da 6, saura 2. Naitirojin 5, saura 3. Kabon 4, saura 4. Haidurojin kaɗai a cikinsu 2 ke isarsa, yana da 1, saura 1. Lambobin haddarmu ke nan.

Ku lissafa: daga 1852 zuwa 1916 shekara 64 ke nan masana suna aiki da lambobin ba su san tushensu ba. Mu kuwa an ba mu tushen a darasi ɗaya, sai mu bar shi mu koma hadda. Hadda kan gudu a zauren WAEC ko NECO, amma wanda ya iya ƙirga ilektiron na waje zai sake gina amsarsa ko da ya manta.

Ku gwada yanzu. Amoniya, wadda ake yin takin yuriya da ita, naitirojin ne da haidurojin: haidurojin nawa naitirojin ɗaya zai riƙe? Kanwar da ake jefawa a miyar kuka kuwa tana ɗauke da sodiyam kabonet. Sodiyam hannu 1, kabonet hannu 2. Ku rubuta tsarinsa kafin ku buɗe littafi, gobe ku nuna wa malam.