Burodin Kirfa Mai Laushi: Abin da Ya Kamata Ku Sani

Wane irin burodi ne wannan?

Burodi ne mai zaƙi da ake shimfiɗa kwaɓinsa, a shafe shi da bota da sukari da garin kirfa, a naɗe shi kamar tabarma, sannan a yanka shi gunduwa-gunduwa a gasa. Ya fi karɓuwa a Arewacin Turai da Amurka. A ƙasar Suwidin, tun 1999 aka ware masa ranar 4 ga Oktoban kowace shekara. Nasu bai cika zaƙi ba, kuma suna sa masa kadamom, kayan ƙamshin nan da Larabawa ke zubawa a gahawa. Na Amurka kuwa, wanda kamfanin Cinnabon ya yaɗa bayan buɗe shagonsa na farko kusa da Siyatil a 1985, ya fi girma da laushi. Shi za mu koya a nan.

Me zan tanada?

Don samun guda 12, ku nemi fulawa giram 500 (kusan kofi 4), madara kofi 1, ƙwai 1, bota giram 75, sukari giram 60, gishiri ƙaramin cokali 1, da busasshen yis ƙaramin cokali 2. Madarar gari da aka dama da ruwa ma ta wadatar. Na shafawa a ciki kuma: bota giram 75, garin kirfa babban cokali 2, da jan sukari giram 150. Idan ba ku samu jan sukari ba, ku daka mazarƙwaila ta yi laushi, za ta ba ku wannan ɗanɗanon na rake.

Mene ne yis, kuma me ke kashe shi?

Yis ƙananan halittu ne masu rai da ido ba ya gani. Suna cin sukarin da ke cikin kwaɓi, suna fitar da iskar da ke kumbura shi. Tunda suna da rai, zafi yana kashe su idan ya kai wajen digiri 60 a ma'aunin Salshiyas. Don haka madarar ta zama mai ɗumi kawai, wadda za ku iya barin yatsa a ciki ba tare da jin ƙuna ba. In kuna shakkar yis ɗinku, ku zuba shi a ɗan ruwan ɗumi da sukari kaɗan. Idan minti 10 suka wuce bai yi kumfa ba, ya mutu, ku sayi sabo.

Kirfa ma tana rage masa kuzari, shi ya sa ake shafa ta a tsakiyar naɗi maimakon a zuba ta cikin kwaɓin.

Daga ina laushin yake fitowa?

Daga ruwan da kwaɓin ya riƙe. Nan ne mafi yawan masu koyo suke tuntuɓe. Da sun ga kwaɓin yana manne musu a hannu sai hankalinsu ya tashi, su yi ta barbaɗa fulawa har ya daina. A hannu kam zai yi daɗin sarrafawa, amma burodin zai fito da tauri. Wannan kwaɓin dama da ɗan maƙewa aka san shi. Ku shafa mai a tafin hannu da kan tebur, ku ci gaba da murzawa minti 10 zuwa 15. Murzar ce ke tayar da gulutin, wato sinadarin cikin alkama da ke ba kwaɓi danƙo har ya iya riƙe iskar da yis ya fitar. Don ku san ya isa, ku gutsuri kaɗan ku ja shi a hankali. In ya miƙe ya yi siriri har haske na ratsa shi bai yage ba, ya yi.

Akwai kuma dabarar da masu gashin burodi na Japan da Sin suka shahara da ita, kuma a ganina ta cancanci minti 5 ɗin da take ci. Daga cikin kayan da kuka auna, ku ɗebi fulawa babban cokali 3 da madara rabin kofi, ku yi talge a wuta kaɗan kuna juyawa har ya yi kauri. Ku bar shi ya huce, sannan ku haɗa da sauran kayan. Fulawar da aka dafa tana shan ruwa fiye da ɗanya, kuma ba ta saurin sakinsa, don haka burodin zai kwana da laushinsa.

Har yaushe zan bar kwaɓin ya tashi?

Ku rufe shi da leda ko tsumma mai danshi har ya ninka girmansa. Ku dubi kwaɓin, kada ku dogara da agogo. Da bazara yana iya tashi cikin minti 45, da hunturu ya kai awa 2, kuma busasshiyar iskar lokacin tana ƙeƙasar da samansa in ba a rufe shi da kyau ba.

Yaya ake naɗi da yanka?

Ku shimfiɗa kwaɓin da abin murji ko kwalba mai tsabta, faɗi wajen santimita 30, tsawo 45. Botar ta zama mai laushi, ba narkakkiya ba, don narkakkiya tsiyayewa take yi. Ku shafa ta, ku barbaɗa sukari da kirfa, ku naɗe ta ɓangaren tsawo ba tare da matsewa sosai ba. Wuƙa tana danne naɗin, saboda haka ku zura zare mai ƙarfi ta ƙasa, ku gitta bakinsa biyu a sama ku ja. Ku jera gunduwoyin a farantin gashi da ɗan tazara, ku sake rufewa minti 30 zuwa 45 har su kumbura su taɓa juna.

Gashin fa, in ba ni da obin?

A obin, digiri 180 na minti 20 zuwa 25 ya isa. Ku fitar da su da zarar sun yi ja kaɗan, domin ƙarin minti 5 kan busar da su. In babu obin, ku zuba yashi mai tsabta a babbar tukunya, ku rufe ta yi zafi minti 10, ku ɗora farantin a kan wani ɗan abu da zai raba shi da yashin. Wutar ƙasa ta zama kaɗan, ku zuba garwashi a kan murfin don saman ya gasu. Mai son farin zaƙin da ake malalawa a sama sai ya dama garin sukari mai laushi da madara kaɗan, ya zuba tun suna da ɗumi.

Wa ya kamata ya yi hattara?

Masu ciwon sukari, da waɗanda alkama ko madara ko ƙwai ba sa karɓar jikinsu. Haka kuma kirfa iri biyu ce. Ta Siri Lanka ɓawonta siriri ne, ƙamshinta a sanyaye. Wadda ta fi yawa a kasuwa daga Sin da Indunusiya da Biyetnam take, ta fi ƙarfi da araha, amma tana ɗauke da sinadarin kumarin da kan wahalar da hanta in ana shan ta da yawa kullum. Cin burodin jefi-jefi ba abin damuwa ba ne ga mai lafiya.

Nawa zai ci mini?

Bota ce ta fi cin kuɗi, kuma majarin, wato botar man shuka, zai iya maye gurbinta ko da yake ƙamshin zai ragu. Lokaci kuwa ku ware awa 3, mafi yawansu na jira ne. In safiyarku a cike take, ku naɗe ku yanka da dare, ku rufe a firji, da safe ku fitar su sha iska kamar awa 1 kafin gashi. Wanda ya rage ku adana a roba mai murfi, ku ɗan turara shi kafin ci.