Sergo Zakariyadze: Rayuwarsa da Matsayinsa a Fim ɗin Jojiya

Manufar wannan maƙala ita ce a gabatar wa mai karatu da Sergo Zakariyadze, ɗaya daga cikin manyan 'yan wasan kwaikwayon ƙasar Jojiya, a kuma nuna yadda rawa guda da ya taka ta sauya yadda ake kallon yaƙi a majigi.

An haifi Zakariyadze a birnin Baku a shekarar 1909. Tun yana saurayi ya shiga wasan dandamali a Tibilisi, babban birnin Jojiya, wadda a lokacin take cikin Tarayyar Sobiyet. Ya yi aiki a gidajen wasa biyu mafiya girma a ƙasar, wato na Rustaveli da na Marjanishvili. A 1958 aka ba shi laƙabin Ɗan Wasan Jama'a na Tarayyar Sobiyet, wanda shi ne ƙololuwar girmamawa ga masu wannan sana'a. Ashe ke nan ba da rana tsaka ya yi suna ba. Kafin duniya ta san shi ya shafe fiye da shekara 30 yana gogewa a gaban 'yan kallo.

Fim ɗin da ya fito da shi fili shi ne *Uban Soja* na 1964, wanda Rezo Chkheidze ya shirya. A ciki ya fito a matsayin Giyorgi Makharashvili, wani dattijo manomin inabi da ya bar ƙauyensu lokacin Yaƙin Duniya na Biyu don ya dubo ɗansa Goderdzi, wanda aka raunana. Ko da ya isa asibiti, sai ya tarar yaron ya warke ya koma fagen fama. Maimakon ya juya gida, sai ya shiga soja ya yi ta bin sawunsa har ƙasar Jamus. Can suka haɗu, can kuma ɗan ya cika a hannunsa.

Abin lura a nan shi ne, tauraron ba jarumi ne mai neman suna ba, uba ne kuma manomi. Akwai wata fitowa inda ya sha gaban tankar yaƙi ta ɓangarensu, ya hana ta tattake gonar inabi, alhali kuwa gonar ta abokan gaba ce. Da wannan aka nuna cewa a idon manomi shuka ba ta da ƙabila, kuma hasarar yaƙi ba ta tsaya ga rayukan sojoji kaɗai ba. Zakariyadze ya isar da wannan jigo ta tafiyarsa mai nauyi da kallonsa da shirunsa, fiye da ta dogon jawabi.

Wannan rawa ta jawo masa kyautar gwarzon ɗan wasa a bikin fina-finai na Mosko a 1965, da Lambar Lenin a 1966. Daga baya ya fito a *Kada Ka Yi Baƙin Ciki* na Daneliya (1969), sannan a *Waterloo* (1970) a matsayin Blucher, sarkin yaƙin Furushiya. Ya rasu a Tibilisi a 1971.

Daga abin da ya gabata za a fahimci cewa darajar ɗan wasa ba ta rataya ga yawan fina-finansa ba. A garin Gurjani na gabashin Jojiya an kafa wani ƙaton mutum-mutumi na *Uban Soja* don tunawa da waɗanda yaƙin ya ci. Wato dai mutumin da aka ƙaga a majigi shi ne ya zama wakilin dubban iyayen da 'ya'yansu ba su komo ba.