Ilmin Sarrafa Lokaci a Cikin Littafin "Ɓarawon Lokaci"

Ina so in yi muku bayani a kan wani ilmi wanda ba a koyar da shi a kowace makaranta ta duniya, domin kuwa babu shi sai a cikin ƙagaggen labari. Ilmin nan shi ne na sarrafa lokaci, watau a tara shi, a ajiye, ko a ɗauke shi daga wani wuri a kai wani. Na tarar da shi ne a littafin wani marubuci mutumin Ingila mai suna Terry Pratchett, wanda ya rasu a 2015. Sunan littafin da Turanci Thief of Time, watau Ɓarawon Lokaci, an kuwa buga shi a 2001.

Da farko sai mu san inda labarin ya faru. Marubucin ya ƙaga wata duniya shimfiɗaɗɗiya kamar faifai, tana bisa bayan giwaye huɗu, su kuma suna tsaye bisa wani ƙaton kunkuru. Ya rubuta littattafai 41 game da ita. A can cikin duwatsunta akwai waɗansu masu zaman zuhudu, kama da na ƙasar Tibet, waɗanda aikinsu shi ne tsaron tarihi. Su ne ke lura gobe ta zo bayan yau, kada kwanaki su harɗe.

To, yaya suke yi? Duk wanda ya taɓa ganin tsohuwa tana kaɗi zai gane. Suna da wani babban zaure cike da abubuwa masu juyawa kamar mazari, ƙanana da manya, waɗansu na katako, waɗansu na dutse. In mazarin ya juya ta nan sai ya naɗe lokaci kamar zare, in ya juya ta can sai ya warware shi. Suna kuma da wani fili na rairayi mai launi iri iri, wanda ke nuna musu inda lokaci ya yi yawa da inda ya ƙaranta. Sai su ɗebo shi daga ƙarƙashin teku, inda kifi ba ya gaggawar zuwa ko'ina, su tura birni, inda kowa ke kukan lokaci bai ishe shi ba.

Bayan wannan akwai wata dabara da ake koya wa almajiransu, ta yanka lokaci. Wanda ya ƙware yakan yanka sakan ɗaya siriri siriri ya ratsa ta tsakani, har ya yi tafiya mai nisa alhali sauran mutane suna nan kamar gumaka. Gwaninsu kuwa wani tsoho ne mai suna Lu-Tze, wanda ba shi da muƙamin kome sai shara. Kullum da tsintsiya a hannunsa, saboda haka ba mai kula da shi, ga shi kuwa ya fi malaman sani.

Rigimar labarin ta taso ne daga wani saurayi mai gyaran agogo, Jeremy, wanda aka ba aikin ƙera agogon gilashi da babu kuskure a cikinsa ko kaɗan. Bai san cewa in agogon ya auna mafi ƙanƙantar motsin duniya zai kama lokaci ya kulle ba, kome ya tsaya cik. An taɓa ƙera irinsa a dā, da ya fashe sai tarihi ya tarwatse, masu zuhudun nan suka sha wahalar ɗinke shi. Don haka Lu-Tze da almajirinsa Lobsang suka kama hanya su hana. Ba zan faɗi ƙarshen ba, kada in ɓata wa mai niyyar karantawa.

Wani zai ce duk wannan ai tatsuniya ce. Gaskiya ne, amma a ganina marubucin bai yi nisa da abin da 'yan Adam suka riga suka yi ba. A 1752 hukumar Ingila ta gyara kalandarta, mutane suka kwanta ran Laraba 2 ga Satumba, suka tashi ran Alhamis 14 ga wata. Kwana 11 sun fita daga lissafi. A 1967 masana suka amince a riƙa auna sakan ɗaya da kaɗawa 9,192,631,770 ta hasken da ƙwayar zarrar wani ƙarfe, siziyam, ke fitarwa. Sa'an nan a 1971 waɗansu masana biyu na Amurka suka zaga duniya a jirgin sama da irin waɗannan agoguna. Da suka komo sai aka ga sun saɓa da waɗanda aka bari a ƙasa, kamar yadda lissafin Albert Einstein ya nuna. Bambancin bai kai kashi ɗaya cikin miliyan na sakan ba, amma ya tabbatar lokaci ba ya tafiya daidai a ko'ina.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne ƙa'idar da marubucin ya ɗora wa masu mazarin nan. Duk da iyawarsu, ba su ƙirƙiro ko minti ɗaya. Abin da suka ƙara wa wani wuri, daga wani wuri suka rago shi. Wannan ƙa'ida kuwa ita ke kanmu. Awa 24 aka ba ɗan aji ɗaya, ita aka ba ɗan aji biyar mai jiran jarrabawa. Wanda ya ce bai sami lokacin bita ba, sai ya duba inda nasa ya kwanta ba amfani, ko hira ce bayan an kashe fitila, ko latsa waya, ya ɗebo daga can. In ya bari sai daren jarrabawa, to, ba a fafe gora ranar tafiya. Allah ya ba mu sa'a, amin.